Kundin aikin fim ɗin 'yan kuza: tsofaffin hotuna da abin da muke yi da su

18 ga Nuwamba, 2024

Yau na buɗe wannan kundi, domin aikin ya kai inda kai kaɗai ba zai riƙe shi ba. Wata bakwai ke nan muna ɗaukar hira da dattawan da suka yi aikin kuza a Bukuru, Barikin Ladi, Bisichi da Sabon Gidan Kanar, da 'ya'yansu da matansu. Muna da muryoyi masu yawa, muna kuma da hoton kududdufan da haƙa ta bari. Abin da ba mu da shi shi ne zamanin kansa yana motsi.

Kakana na wajen uba daga ƙasar Katsina aka kawo shi Filato a 1943, lokacin dibar gwamna, wato ɗibar mutane aikin tilas a filayen kuza. Bai koma ba. A Bukuru ya yi aure, a nan aka binne shi, kuma ko hotonsa ɗaya babu a gidanmu. Wannan ne ya sa na fara fim ɗin, kuma shi ne ya sa maganar tsofaffin hotunan majigi take taɓa ni fiye da yadda take taɓa abokan aikina.

Mu huɗu ne: ni, mai ɗaukar hoto, mai ɗaukar sauti, da edita. Daga yau zuwa ƙarshen shekara aikina shi ne neman duk wani hoto mai motsi da aka ɗauka a filayen kuza kafin 1985, shekarar da farashin kuza ya rushe a kasuwar duniya.

2 ga Disamba, 2024

Mako biyu ina kallon abin da ke intanet. British Pathé, tsohuwar ma'aikatar labaran majigi ta Ingila, ta zuba fina-finanta kusan 85,000 a YouTube tun 2014, akwai kuma na hukumomin mulkin mallaka. A 1939 Ingila ta kafa sashen shirya fim don ƙasashen da take mulka, ƙarƙashin William Sellers, wanda ya fara a matsayin jami'in kiwon lafiya a Legas yana yawo da motar majigi. A 1949 aka kafa na Nijeriya. Iyayenmu sun san majigin nan, ana kafa farin ƙyalle a ƙofar fada bayan magariba, a nuna yadda ake haƙa masai ko noman auduga.

Abin da na lura da shi a hotunan kuza: kyamara tana son inji. Tana daɗewa a kan katafaren injin da ke kwasar ƙasa, da bututun da ke feshin ruwa a jikin gaɓa, da buhunan kuza jere a tasha. Mutane kuwa layi ne, dogon layi na kawuna ɗauke da kwanon sarki suna hawa daga rami, an ɗauke su daga nesa, daga sama, daga inda manaja yake tsayawa. Mai sharhi da Turanci yana ƙirga tan, yana faɗin sunan inji, ba ya faɗin sunan kowa cikin masu ɗaukar ƙasar.

Mukan ce gani ya kori ji. Bayan mako biyun nan ina ganin karin maganar tana bukatar tambaya a gabanta: idon wa ya yi ganin? Wanda ya riƙe kyamarar an biya shi ne ya nuna wa mutanen Landan cewa dukiyarsu tana tafiya daidai. Hoton gaskiya ne, ramin ya wanzu, mutanen sun hau sun sauka. Amma an zaɓi abin da za a nuna tun kafin a danna.

Duk da haka ban iya daina kallo ba. A wani wuri wata mata ta juyo ta dubi kyamara na daƙiƙa biyu. Na mayar da wurin fiye da sau ashirin.

20 ga Disamba, 2024

Amsa ta zo daga ɗaya daga cikin kamfanonin waje da ke riƙe da irin waɗannan hotuna. Da daƙiƙa suke sayarwa, kuma kuɗin ya danganta da inda za a nuna da tsawon shekarun izini. Daƙiƙa talatin ta fi abin da muka kashe a mako guda na ɗauka, har da mai da abinci. Gumin kakannimmu ne a ciki, amma sai mun nemi dala kafin mu nuna wa jikokinsu. Na rubuta musu ina neman rangwame. Na kuma rage jerin abin da nake so daga minti shida zuwa daƙiƙa arba'in.

11 ga Janairu, 2025

Sanyin bana ya yi tsanani, da asuba ruwan randa kamar ƙanƙara. Da hantsi wani mutum ya yi sallama a ofishinmu, ya ce ya ji labarin aikin a wurin ɗaurin aure. Mahaifinsa kuku ne a gidan wani Baturen kuza a Bukuru. Da Baturen zai tafi gida ya bar masa tarkace, ciki har da gwangwanaye uku masu faɗi, waɗanda suka shekara fiye da hamsin a ƙasan adaka.

Da ya buɗe na farko wari ya cika ɗakin, wari mai tsami irin na binega. Na san wannan warin daga karatu, yau na shaƙe shi. Zaren fim na wancan zamani da sinadarin asitet ake yinsa, idan zafi da laima suka daɗe a kansa sai ya fara sakin tsami, tsamin kuma ya ƙara hanzarta ruɓewar. Zaren ya ƙanƙance, ya lanƙwashe, a ƙarshe hoton ya rabu da jikinsa. Ba ya warkewa, sai dai a rage masa gudu da sanyi da bushewa, kuma gwangwani mai ciwon yana shafa wa na kusa da shi. Nan take muka raba su ɗaki daban-daban.

Mai milimita 16 ne, don haka hankalina ya kwanta ta fuskar gobara. Wanda ke kamawa da wuta shi ne nitiret, da aka yi amfani da shi a fim mai milimita 35 har farkon shekarun 1950, a ƙasashen Yamma kuwa ba a taɓa yin mai 16 da shi ba. Kowane naɗi kusan ƙafa 400 ne. Na tabbata da a Legas ko Lokoja adakar nan ta zauna, da gari za mu tarar. Jos tana sama da mita 1,200 daga teku, sanyinta ya yi mana gadi.

Mutumin ya ce, "Malam, ni ban taɓa ganin abin da ke ciki ba. Baba ya ce yana ciki, shi ya sa ban yar ba." Na ce masa, "Alhaji, ba za mu saka shi a majigi ba ko sau ɗaya, haƙoran injin za su yaga shi. Sai an duba da hannu tukuna." Mun rubuta yarjejeniya: zaren nasa ne, za a ba shi kwafi, kuma ba za mu yi amfani da komai ba sai ya gani.

29 ga Janairu, 2025

Wannan gari yana da abin da ba kowane gari ke da shi ba. Hedikwatar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, wadda aka kafa a 1979, tana nan Jos, haka ma'adanar fim da sauti ta ƙasa, da makarantar koyon fim. Saboda haka akwai mutanen da suka san yadda ake taɓa tsohon zare. Labarin fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, wanda aka ɗauka ya ɓace har aka gano naɗe-naɗensa a 2016, aka gyara shi aka nuna a Balin a 2018, shi ne ya koya wa da yawa daga cikinmu kada mu yanke ƙauna da gwangwani mai tsatsa.

Wata ƙwararriya ta duba namu a kan tebur, da safar hannu, tana juyawa a hankali. Biyu za su shiga na'urar kwafa. Na uku ya manne da kansa, ta ce a bar shi tukuna.

Sai batun shekara. Babu rubutu a jikin gwangwanin. Kamfanin Kodak, mai ƙera zaren fim, kan buga ƙananan alamomi a gefen zare, da'ira ko murabba'i ko makamancinsu, masu nuna shekarar da aka ƙera shi, amma wannan shekarar ƙira ce, mai yiwuwa ya kwana biyu a kanti kafin a ɗauka. Sai muka koma cikin hoton da gilashin ƙara girma. Motoci suna bin hannun hagu, ke nan kafin 2 ga Afrilu, 1972, ranar da Nijeriya ta koma dama. A naɗi na biyu akwai ƙaramin jirgin ƙasa a kan siririn dogo. Wannan shi ne layin da ya taso daga Zariya ya iso Bukuru a 1914, aka rufe shi a 1957, wanda kawunansa suke ajiye yanzu a harabar gidan tarihi na Jos. Da wannan da alamomin gefe muka tsaya a kan tsakiyar shekarun 1950. Haka za mu rubuta a fim ɗin, ba za mu ƙirƙiri shekara guda don ta yi kyau a allo ba.

15 ga Fabrairu, 2025

Wannan ranar ce nake so kada in manta komai nata.

Na ɗauki kwamfuta na tafi Bukuru wurin Gwaggo, yayar mahaifina. Tun tana 'yar shekara tara take kai tallar ƙosai da kunu bakin rami. Muka zauna a tsakar gida, jikoki suka kewaye mu, mai ɗaukar hoto ya kafa kyamara a kan fuskarta, ba a kan allon ba. Na kunna.

Ba a yi minti ɗaya ba ta ɗaga hannu. "Tsaya, ɗan nan. Wa ya kore su?" Na ce, "Gwaggo, ban gane ba." Ta ce, "Dubi yadda suke sauri kamar an biyo su da bulala. Mai kwanon sarki cike da jiƙaƙƙiyar ƙasa ba ya tafiya haka. Da haka ake hawa, da kafin azahar kowa ya faɗi."

Jikina ya yi sanyi, domin gaskiyarta. Masu ɗaukar fim na gida a wancan lokaci yawanci hoto 16 suke ɗauka a daƙiƙa, don tsimin zare, tunda babu sauti. Mu kuwa fayil ɗin da muka zo da shi yana gudu a kan 25. Wato kowane motsi ya ƙaru da fiye da rabi. Mu huɗu mun kalli hoton nan sau da yawa, babu wanda ya tsaya a kai, saboda idonmu ya saba da cewa mutanen da a fim haka suke tafiya, da ɗan gudu-gudu mai ban dariya. Na buɗe manhaja na rage gudun a gabanta. Sai ga nauyin ya dawo. Ana ganin wuya yana tanƙwarewa, ana ganin ƙafa tana neman wurin takawa a kan katakon da aka shimfiɗa, ana ganin ɗan tsayawar da mutum ke yi a tsakiyar hawa. Ta ce, "Yawwa. Yanzu su ne."

Daga nan ba ta yi shiru ba har la'asar. Wanda yake tsaye da sanda da littafi shi ne heluma, shi ke ƙirga sahu. Matan da ke durƙushe a bakin ruwa da ƙwarya wankin kuza suke yi, suna kaɗawa har yashi ya tafi baƙin ƙwayar ta zauna a ƙasa, saboda ta fi nauyi. Ta nuna rumfar da ake biyan kuɗi ranar Asabar. Ta nuna inda ita da ƙawayenta suke ajiye tire, can gefen hoton, wurin da Baturen bai nufa da kyamara ba, ya dai shigo ne kawai. Da layin masu hawa ya sake wucewa sai ta fara rera waƙar da suke yi, a hankali, tana buga cinya daidai da takunsu. Da hoton yana kan saurin da muka zo da shi, waƙar ba za ta hau ba.

Ba ta ga mahaifinta ba. Ta duba kowace fuska, ta sa na tsayar sau da yawa. A ƙarshe ta ce, "Ba ya nan. Amma wancan mai hular, a barikinmu yake, bayan gidanmu." Ta faɗi sunansa da garinsu.

A mota muna dawowa babu mai magana. Abin da nake juyawa a rai shi ne, zaren nan ya shekara kusan saba'in bebe, kuma ko da na'ura ta fito da shi tas, bai fara faɗin gaskiya ba sai da ya zo gaban wadda ta san nauyin kwanon.

24 ga Fabrairu, 2025

Mun yi gardama mai zafi da edita, kuma ina ganin wajibi ne in rubuta hujjarsa da adalci.

Sashe na uku na fim ɗin kan dibar gwamna ne. Da Japan ta ƙwace Malaya a farkon 1942, Ingila ta rasa babbar hanyar samun kuza ana tsakiyar yaƙi, sai ta juyo kan Filato. Daga 1942 zuwa 1944 aka riƙa ɗibar maza daga lardunan Arewa ta hannun sarakuna da hakimai, ana kawo su aikin tilas. A 1943 abin da aka haƙa ya haura tan 17,000, bai taɓa kai haka ba. Mutanen da suka fito daga ƙasa mai zafi suka faɗo cikin sanyin dutse babu bargo babu wadataccen abinci, da yawa suka mutu, da yawa suka gudu.

Duk neman da na yi, hoto mai motsi na wannan bai zo hannuna ba. Edita ya ce, "Yaya, ga layin leburori a hannunmu. Rami ɗaya ne, kwano ɗaya ne, shekara goma ce kawai tsakani. Mu ɗora a ƙarƙashin muryar dattawa. Kowa haka yake yi, mai kallo ba zai zauna minti bakwai babu abin gani ba." Maganarsa ta ƙarshe gaskiya ce, kuma ya fi ni sanin inda mai kallo ke gajiya.

Na ƙi. Mutanen da ke cikin zarenmu 'yan albashi ne, wasu da ƙafarsu suka zo cin rani. Ɗaya daga cikinsu yanzu mun san sunansa. Idan na sa shi ya tsaya a madadin wanda aka ɗaure aka kawo, na yi abin da mai sharhin Turancin nan ya yi: na mai da shi kai ɗaya cikin layi, wanda za a iya musanyawa da kowane. Kuma ranar da wani ɗalibi ya yanko wurin ya yaɗa a Facebook da rubutun "aikin tilas a 1943", ƙaryar ta zama tarihi, da hannuna.

Abin da muka tsayar: a sashen nan za a ga kududdufai na yau da asubar hunturu, hazo yana tashi daga ruwa, da takardun mulki masu ƙidayar mutane lardi-lardi, da fuskokin masu ba da labari. Za a kuma rubuta a allo cewa ba mu sami hoton wannan zamani ba. Rashin hoton yana cikin labarin, domin masu kyamara a lokacin su ne masu ɗibar.

12 ga Maris, 2025

Azumi, aiki da dare bayan tarawihi. Abubuwa biyu.

Tsohon zare kusan murabba'i ne, huɗu bisa uku, allon yau kuwa mai faɗi ne. Da aka gwada cika allon da shi, sai sama da ƙasa suka yanke: kwanon da ke kai ya tafi, ƙafafun da ba takalmi suka tafi. Mun bar shi da siffarsa, da baƙi a gefe biyu.

Edita ya kuma gwada manhajar da ke saka wa baƙi-da-fari launi. Ya yi kyau a ido, ban musa ba. Na tura wa Gwaggo ta wayar jikarta. Amsa ta dawo cewa zanen da aka mai da ja, baƙin shuni ne, kuma ƙasar ramin ba ta taɓa zama ruwan toka ba. Manhajar cinta take yi. Mun cire. Haka ba za mu ƙara ƙarar diga da shebur na ƙarya a kan zaren da aka ɗauka babu sauti ba. Muryar Gwaggo da waƙarta sun isa, inda kuma ta yi shiru, a ji shirun.

9 ga Afrilu, 2025

Ruwan farko ya sauka shekaranjiya. Mun kai hoton wurin wani dattijo Birom a wajen Gyel, tsohon malamin firamare, wanda muka yi hira da shi bara. Na yi zaton mutane zai duba kamar Gwaggo. Ko kallonsu bai yi ba, bayansu yake kallo. Ya sa yatsa a saman allon ya ce, "Ɗana, koma baya kaɗan. Ka ga shingen ƙeranan can? Gonar accar kakana ce." Sai ya tashi ya ja mu, tafiyar minti goma, ya tsaya a bakin wani kududdufi mai koren ruwa. Duwatsun da ke nesa su ne dai na cikin hoton, sun zauna daidai. Gonar ce ta zama ruwa.

Na zo aikin nan da labarin kakana, baƙon da aka kawo. Wannan ziyara ta tilasta mini faɗaɗa sashe na biyu, domin zare ɗaya ya ɗauki asara iri biyu a lokaci guda, ta wanda aka raba da garinsu da ta wanda aka haƙe gonarsa yana tsaye. A garin da ya sha irin rikicin da Jos ta sha tun 2001, ba ƙaramin abu ba ne a ce tsofaffi biyu, ɗaya a Bukuru ɗaya a Gyel, sun sami nasu a cikin daƙiƙa goma sha biyar guda. Za mu jera kallon nasu a jere, hoton ya wuce sau biyu, kowanne da muryarsa.

Mai ɗaukar hoto ya kafa kyamara a daidai inda muke ƙiyasin Baturen ya tsaya, ya ɗauki wurin yadda yake yau.

6 ga Mayu, 2025

Inda muke: haɗin farko ya kai minti 94, muna son ya sauko 70. Tsofaffin hotuna minti 11 ne a ciki, kowanne da rubutu a ƙasa mai faɗin inda ya fito, wanda ya ɗauka, da zamaninsa. Daga na kamfanin waje daƙiƙa arba'in ɗin nan kawai muka saya, kuma mun bar muryar mai sharhin yadda take, da fassarar Hausa a ƙasa, sau ɗaya tak a farkon fim, don mai kallo ya ji da kunnensa yadda aka yi maganarmu.

Alhaji mai gwangwanaye ya zo ya kalla ranar Lahadi. A naɗi na biyu, bayan jirgin ƙasa, akwai wani saurayi da farar riga yana fitowa daga kicin da tire, ya yi murmushi ya kauce. Daƙiƙa huɗu. Ya ce a mayar, aka mayar. Ya ce a sake. Sannan ya nemi a ba shi ruwa, ya fita waje ya daɗe.

Ya sa hannu a takardar izini. Ya roƙi a rubuta sunan mahaifinsa a ƙarƙashin wurin, mun amsa. Jikokin mai hular da Gwaggo ta gane muna neman su ta hanyar limamin tsohon barikin, an ce wasu suna Unguwar Rogo, Asabar za ni.

Gwangwani na uku yana nan a wuri mai sanyi. Ƙwararriyar ta samu ta warware kusan ƙafa talatin daga bakinsa ba tare da ya tsage ba. Ta haska mini a fitila: taron mutane ne a fili, da dawakai, da alama hawan salla. Ta ce saura sai a hankali, wataƙila wata biyu.